Golan da Ba Ya Tsawa

Lyon, 12 ga Nuwamba, 2006

Zuwa ga Yaya Zakiyya,

Assalamu alaikum. Ina fata wannan takarda ta same ki lafiya, ke da Malam Adoum da yara. Yaya sanyin Paris, yaya aikin farmasi? Mu nan unguwar Guillotière lafiya lau muke. Uwargida Hamdiya na gaishe ki, ta ce yajin da kika aiko ya kusa ƙarewa, wai in faɗa miki a fakaice. To ga shi na faɗa. 'Yarmu Balkisa ta shiga lakwal, makarantar boko, kullum sai ta dawo da sabon Faransanci ta gyara mini nawa.

Kin ce a talho ba na yin komai sai gaisuwa, in gaishe ki, in gaida mijinki, in gaida maƙwabta, har kati ya ƙare. Gaskiyarki. Shi ya sa na ɗauki biro.

Da kika zo mana salla, kin tsaya gaban hoton nan na falo kina tambaya wane ne Baturen mai karyayyen hanci da ya dafa kafaɗata. Baƙi suka shigo, ban ba ki amsa ba. Sunansa Arkadi Petrovich. A Rasha haka ake kiran babban mutum, sunansa haɗe da na ubansa. Yaro ko ƙaramin abokin aiki kuwa sunansa kawai ake kira, kamar yadda shi yake ce mini Hudu.

Lokacin da na je karatun injiniyan ruwa a 1994, wani ƙaramin gari aka kai ni a bakin kogin Volga, garin da ba shi da komai sai makarantarmu da masana'antar bulo. Masana'antar tana da ƙungiyar ƙwallo a rukuni na uku, rukunin da ba a nuna shi a talabijin. Arkadi ne kyaftin, ɗan baya ne. Wata rana ya gan ni ina tsaron raga a filin ɗalibai da takalmin yawo, cikin ƙanƙara. Ya tsaya yana kallo har aka tashi, sannan ya tuɓe rigar sanyinsa ya yafa mini, ya ja ni gidansu. Uwarsa ta ware tukunya guda don ni, naman alade bai taɓa shiga cikinta ba. Shekara biyar ina cin abincin gidan nan. Shi ya yi ta zirga-zirga har aka yi mini takardun wasa, na zama golan ƙungiya.

Shekara goma sha biyar ya yi yana buga wa ƙungiyar bulo, wasa sama da ɗari uku, ƙwallo tara kacal ya ci, kuma yana iya lissafa miki su ɗaya bayan ɗaya da irin ruwan da aka yi ranar. Babbar ƙungiya ba ta taɓa nemansa ba, bai kuma taɓa nuna ya damu ba. Da gwiwa ta hana shi wasa sai ya koma mataimakin koci.

To ga maganar. Makon jiya takardarsa ta iso. An naɗa shi kocin ƙungiyar gaba ɗaya, zai fara da bazara. Yana so in koma in zama mai horar masa da gololi. Har ya samo mana gida mai ɗaki biyu yana kallon kogi, ya ce akwai lakwal a bayan gidan. Ban ba shi amsa ba tukuna.

Ki gaida Malam Adoum da kyau.

Ƙanenki,
Hudu

*

Saint-Denis, 25 ga Nuwamba, 2006

Taubashina Hudu,

Wa alaikumus salam. Takardarka ta iso, mun same ta cikin ƙoshin lafiya, sai ɗan mura da ya zaga gidan ya fita. Malam Adoum na amsawa, yana can shagonsa na Goutte d'Or cikin atamfofinsa, ni kuma ina bayan kanta ina karanta rubutun likitoci. Naka ya fi nasu kyau, amma da kaɗan. Ka ce wa Hamdiya yaji na hanya. Ita ta iya aike, kai ne dai ba ka iya fakaicewa ba.

Ashe kana da baki. Shekara shida muna ƙasa ɗaya, sai yau na san ɗan Baba Illiassou ya taɓa tsaron raga ana biyansa. Ni da na san ka a Damagaram ko akuya ta shigo gida sai ka ba ta hanya. Kada ka ɓata rai. Kakata da kakanka ciki ɗaya suka fito, ita mace shi namiji, saboda haka wasan taubasantaka gadona ne, ko Rasha ka koma zan bi ka da shi.

Labarin mutumin nan ya shiga raina, musamman tukunyar tsohuwarsa. Na karanta wa Malam Adoum, ya ce a garinsu Abeche ma ba kowa zai yi wa baƙo haka ba. Allah ya saka musu da alheri.

Amma Hudu, ka cika shafi uku da Arkadi, na duba gaba na duba baya, ban ga layi ɗaya ba inda ka ce ga abin da ranka yake so. Kana son komawa ko ba ka so? Hamdiya fa, ka tambaye ta, ko ita ma a fakaice za ta ji? Kana da aiki mai kyau a ɗakin gwajin ruwa, takardunku sun zauna, yarinya ta fara karatu. Ban ce kada ka tafi ba. In ƙwallo ce ranka, ka tafi, ni zan saya maka safar sanyi. Abin da nake cewa shi ne mutumin yana jira, kuma aiki ne a hannunsa, ba gayyatar biki ba.

Ka ba ni amsa a takarda. In ka kira talho na san abin da zan ji.

Yayarka,
Zakiyya

*

Lyon, 18 ga Fabrairu, 2007

Yaya Zakiyya,

Sallama da gaisuwa. Ki yi haƙuri da jinkiri, ba mantuwa ba ce, tambayarki ce ta yi mini nauyi. Muna lafiya. Yaji ya iso, Hamdiya ta ɓoye rabi don kada in kai wa abokai. An ce Malam Adoum ya yi fama da haƙori, Allah ya ƙara sauƙi.

Ba na son komawa. Ga shi na rubuta, kin gani da idonki. Hamdiya ma na tambaye ta, ta ce duk inda na sa ƙafa za ta sa, amma ta faɗa tana kallon taga. Ni kuwa, Yaya, daɗin zaman nan nake ji. Da safe in hau taram, jirgin cikin gari, in je in gwada ruwan da mutanen gari za su sha, da yamma in biyo ta kantin Balarabe in sayo burodi mai zafi. Ranar Lahadi muna da ƙungiyarmu ta unguwa, duk magidanta ne masu tumbi: Bukari mai dafa abinci a kantin ɗalibai, Guillaume mai raba wasiƙu, 'yan Cadi, 'yan Aljeriya, da wani ɗan Kamaru da ya rantse ya taɓa buga wa ƙungiyar Garwa. Ni ne gola, ni ne koci, ni ne mai wanke riguna. Bara wasa huɗu muka ci, muka yi walima kamar mun ɗauko kofi. Ban san abin da zan je nema bakin Volga ba wanda ya fi wannan.

Sai dai akwai abin da ban faɗa miki ba. A 1997, wasan ƙarshe na shekara, kunnen doki kawai muke nema mu hau rukuni na biyu. Saura minti shida aka ɗago ƙwallo sama gaban ragata. Aikin gola a nan ɗaya ne: ya yi tsawa, ya ce tawa ce, kowa ya kauce, ko wane ne. Na fito, na ga Arkadi a ƙarƙashinta yana ja da baya. Na buɗe baki, wallahi sai na ji ba zan iya ba. Mutumin da ya girme ni da shekara bakwai, wanda na ci abincin uwarsa da safiyar ranar, in daka masa tsawa gaban mutum dubu biyu? A gidanmu ko idon Baba ba ma kallo. Na yi shiru na yi tsalle, shi ma ya yi tsalle, muka yi karo. Ƙwallo ta gangara raga a hankali, shi kuma ya faɗo a kan gwiwar dama. Ciwon gwiwarsa daga ranar ya fara.

Bai taɓa ɗora mini laifi ba. A asibiti abin da ya ce kawai shi ne, "Hudu, a cikin fili ba ni da girma. Ka yi mini tsawa." Na ce to. Muka ƙara shekara biyu tare, ban taɓa yi ba, sai dai na koyi zagaye shi.

Yanzu kin ga irin mutumin da kike so in ce wa ba ni zuwa. Amma kada ki damu, na sallami maganar yadda ya kamata. Ranar Talata na aika masa da amsata ta hannun wani ɗan Maraɗi mai komawa karatu can, tare da hular Damagaram mai aiki da kilishi ƙulli biyu. Mutum ne mai hankali, zai gane.

Ki gaida yara.

Hudu

*

Saint-Denis, 3 ga Maris, 2007

Hudu,

Gaisuwa gare ka da iyali. Haƙorin an cire, mai shi ya warke har ya koma ciniki da surutu.

Madalla. Na ji daɗi da ka ba shi amsa, na san ba ƙaramin abu ba ne a wurinka. Yanzu ya nemi wani, kai kuma ka zauna da masu tumbinka cikin kwanciyar rai. Labarin karon nan ya sa na yi dariya, daga baya kuma na ji tausayinku ku biyu. Kunya ado ce a zaure, ban san tana shiga raga ba.

Za mu ƙaura wata mai zuwa, hawa na huɗu a wannan layin dai. Zan aiko adireshi.

Zakiyya

*

Lyon, 29 ga Nuwamba, 2009

Yaya Zakiyya,

Assalamu alaikum. Yau na buɗe akwatin takardu na ga ta ƙarshe da kika rubuto tun ta ƙaura ce, kusan shekara uku. Laifin talho ne, tun da kira ya yi araha muka koma gidan jiya, gaisuwa da gaisuwa. Barka da salla, Allah ya maimaita mana. Muna lafiya. Balkisa ta yi ƙanwa kin sani, yanzu ƙaramar tana tafiya tana jan labule. Ni an ƙara mini girma a wurin aiki, an ba ni buro, ofis nawa mai taga. Masu tumbi kuwa bana wasa shida muka ci, Bukari har ya fara maganar mu sayi sabbin riguna.

Labarin Arkadi nake so in ba ki, don akwai roƙo a ƙarshensa. Shekararsa ta farko a ƙungiyar bulo ya gama na bakwai, aka yi murna. Ta biyu masana'anta ta shiga wani hali, 'yan wasa masu kyau suka watse, ya sha kashi sau tara a jere, aka sallame shi. Garin da ya yi wa wasa shekara goma sha biyar. Ya rubuto mini layi biyu kawai, ya ce ya kwashe littattafansa a jakar cefane, kuma mai gadin fili ya yi kuka. Wata huɗu yana zaune yana kamun kifi ta ramin ƙanƙara.

Daga nan wata ƙungiya a duwatsun Ural ta kira shi, garin masu haƙar ƙarfe, ita ma rukuni na uku, tana can ƙasan tebur. In za su wasan waje sai su yi awa goma sha huɗu a bas. Arkadi yana da wani kaye baƙi, littafin da yake rubuta kowane ɗan wasa a ciki, har da abin da ya ci da safe da ko ya yi faɗa da matarsa. Ba ya yabo, ba ya zagi, sai dai ya kira mutum gefe ya karanta masa shafinsa. Bana sun gama na uku. Mutanen garin sun ɗauke shi a kafaɗa, hoton ya fito a jaridar lardi, kuma ki ji abin mamaki, hular Damagaram ce a kansa. Ya ce da ita yake zama a benci tun da ta iso.

Ga roƙon. A watan Janairu lokacin hutunsu zai zo Faransa, kwana goma, kallon yadda ake horo a nan tare da wasu masu horarwa irinsa. Zai sauka Paris ya yi kwana uku kafin ya iso Lyon. Ba zan samu fita daga aiki ba a ranakun. Don Allah ku tarbe shi ke da Malam Adoum, ko sau ɗaya ya ci abincin gida. Yana ɗan jin Faransanci yanzu. Ba ya son yaji da yawa, amma ba zai faɗa ba.

Ƙanenki,
Hudu

*

Saint-Denis, 14 ga Janairu, 2010

Hudu,

Muna lafiya, ina fata kuna lafiya. Gaisuwar ke nan, yau ba ni da doguwa.

Wannan takarda a hannun baƙonka zan ba da ita gobe a tasha. Ba ya karanta Hausa, na ce masa gaisuwa ce ga Hamdiya. Ka karanta ta kafin ka kai shi gida.

Mun tarbe shi. Mutumin kirki ne, ya fi yadda ka faɗa. Ya tuɓe takalmi a ƙofa ba wanda ya ce masa, ya ci tuwo da hannu, ya bi Malam Adoum shago ya zauna yana taya shi ninke atamfa. Amma lif ɗinmu ya lalace, Hudu, kuma na ga yadda ya hau hawa huɗun nan. Kowane bene sai ya tsaya ya yi kamar yana karanta sunayen ƙofofi. Ni ma'aikaciyar farmasi ce, na san tafiyar mai gwiwa. Na tambaye shi. Ya ce likita ya ce a yi aiki tun bara waccan, kuma ya daina dukan ƙwallo sam. Na ce to me ya hana? Ya ce gololi uku gare shi, kowace safiya sai an buga musu ƙwallo ɗari biyu, kuma shi ke bugawa. Na ce ba ka da mai horar da su? Sai ya yi murmushi ya ce, "Akwai. Yana Lyon. Yana shiri."

Cokali ne a hannuna, saura kaɗan ya faɗi. Na riga na buɗe baki zan ba shi haƙuri a kan ƙin da ka yi, Allah ya rufa asiri ya riga ni magana.

Ya buɗe jaka ya nuna mini rigar sanyi ta ƙungiya, sabuwa cikin leda, an ɗinka harufan sunanka a ƙirji. Ya ce ta ƙungiyar bulo ma yana da ita a gida. Ya ce kowace shekara yana tambayarka, kowace shekara kana aiko hula ko kilishi da takarda mai cewa Allah ya nuna mana lokacin. Shi a wurinsu wanda ba zai zo ba cewa yake ba zai zo ba, wanda ya aiko kyauta kuwa yana ƙarfafa alkawari ne. Sau biyu shugabannin ƙungiya suna kawo masa mutum yana mayarwa. Faransancin nan da kake cewa yana ɗan ji, a bas ya koye shi daga littafi, wai don in kun iso ya iya gaida matarka.

Na koma na ciro takardarka ta 2007. Ka rubuta "na aika masa da amsata". Ni na ɗauka a'a ka rubuta masa. Ashe hular ce amsar. Na san wannan salon, haka Baba Illiassou yake sallamar mai neman abin da ba zai bayar ba, ya cika shi da goro da addu'a ya raka shi ƙofa, mutum ya fita ya san an hana shi. Amma a Damagaram ke nan, inda kowa ya san karatun. Wannan bawan Allah daga ina zai sani?

Raina ya ɓaci da kai, ba zan ɓoye ba, kuma ya ɓaci da ni da ban ƙara tambaya ba. Ban faɗa masa komai ba, ba bakina ya zo ji ba. Ƙwallo ce a sama karo na biyu, taubashi, kuma gwiwar ita ce dai waccan.

Zakiyya

*

Lyon, 24 ga Janairu, 2010

Yaya Zakiyya,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki, ina gaida Malam Adoum, ina kuma gode muku da tarbar da kuka yi wa baƙona. Bai daina zancen tuwonki ba. Mu duka lafiya. Na san kina jira, kin kira sau biyu na sa Hamdiya ta ce ina wanka. Ba wanka nake ba.

Takardarki a kan dakalin tasha na karanta ta, yana tsaye gabana da hulata a kansa yana murmushi. Ya ce lafiya? Na ce lafiya lau, gaisuwa ce. Na ɗauki jakarsa. Wallahi Yaya ban san bai ɗauki kowa ba. Ni a zatona ya gane tun hular farko, tambayar da yake yi duk shekara kuma ta zumunci ce, irin yadda muke ce wa mutum yaushe za ka leƙo mu. Da na ga yadda yake sauka daga taram yana riƙe ƙarfe da hannu biyu, sai na ga abin da kika gani.

Ranar Juma'a na ce a raina sai ya huta zan faɗa masa. Ranar Asabar ya gaida Hamdiya da Faransancinsa na littafi, ya ba Balkisa 'yar tsana ta katako, ya ciro rigar ya sa mini da hannunsa, ta zauna daidai. Na ce na gode. Hamdiya ta dube ni, ta tashi ta shiga kicin. Na sake cewa a raina sai gobe.

Ranar Lahadi na kai shi filinmu. Ya zauna a benci da baƙin kayensa yana rubuta masu tumbi ɗaya bayan ɗaya kamar wasu 'yan wasan gaske. Ya kira Bukari gefe ya ce masa ya daina kallon ƙafarsa in yana gudu, Bukari har yau yana ba da labari. Da muka raba ƙungiya biyu don wasan motsa jiki, sai ga mu mutum ɗaya ya kasa. Kafin in yi magana Arkadi ya ajiye kaye ya shigo, ya tsaya a baya, gabana, inda ya saba tsayawa. Na ce gwiwarka fa. Ya ce minti goma.

Ba a yi minti biyar ba Guillaume ya ɗago ƙwallo daga gefe, doguwa, mai lilo. Na fito. Na ga Arkadi yana ja da baya, idonsa a sama, yana shirin tsalle da ƙafar dama. Na san in ya tashi, a kanta zai sauko. Ban san lokacin da abin ya fito ba. Da Rashanci ya fito, da wata murya da ban san ina da ita ba: "Tawa ce! Kauce!" Har masu yawo da karnuka a bayan shingen waya suka juyo.

Ya kauce. Na kama ta, na faɗi da ita a ƙirji, shi ma santsi ya zaunar da shi kusa da ni. Muna nan ƙasa mu biyu muna haki. Na ji bakin a buɗe yake, na ce in na bari ya rufe shi ke nan. Na ce, "Arkadi Petrovich, ba zan zo ba. Ba bana ba, ba baɗi ba. Nan nake so in zauna. Tun shekarar farko na sani."

Ya ce, "Tun shekarar farko?" Na ce i. Ya ce, "Hular fa?" Na ce ita ce a'ar. Ya cire ta ya jujjuya ta a hannu yana duba aikin zaren, kamar zai ga inda aka rubuta. Ransa ya ɓaci, Yaya, na gani a wuyansa. Ya ce, "Shekara uku, Hudu. Akwai wani Kolya, tsohon gola, yana da 'ya'ya biyu, sau biyu ina mayar da shi." Ban kare kaina ba. Na ce na yi laifi, ka yafe mini. Ya miƙo hannu na tashe shi, ya koma benci ya ɗauki kayensa.

Da yamma Hamdiya ta kawo shayi, ya sha kofi biyu, sannan ya fara dariya shi kaɗai har yana share ido. Ya ce shekara goma sha biyu yana jiran tsawar nan, sai da ya tsufa ya zo wata ƙasa ya same ta a wasan masu tumbi. Ya ce da na yi ta a 1997 da yanzu mu biyu muna da labarin rukuni na biyu. Washegari a gabana ya kira Kolya, daga nan ya kira likitansa. Za a yi aikin a watan Maris. Na miƙa masa rigar, ya ce in riƙe, ai ni ma koci ne, kuma filinmu akwai iska.

Jiya na raka shi tasha. Suna da al'ada, kafin tafiya sai kowa ya zauna shiru na ɗan lokaci, haka yake sa 'yan wasansa su yi kafin su hau bas. Muka zauna a benci, jakarsa a tsakaninmu, hula a kansa. Da ya miƙe sai ya ce, "To yanzu in kilishi ya zo, me yake nufi?" Na ce kilishi kawai. Ya ce to a ci gaba da aikowa.

Sannan ya tambaye ni sunan mahaifina. Shekara goma sha biyar da sanina bai taɓa tambaya ba. Na faɗa masa. Ya gwada shi a bakinsa sau biyu, ya gyara tsayuwa, ya ba ni hannu, ya ce, "Sai mun sake haɗuwa, Hudu Illiassovich."

Jirgi ya tafi, na koma bencin na ɗan ƙara zama, don idona bai dace da shiga taram ba.

Hamdiya ta ce in gaya miki yaji ya ƙare. Ba a fakaice ba, ya ƙare, ki aiko. Ni kuma zan kira ki ranar Lahadi, ki tanadi lokaci, ina da magana bayan gaisuwa.

Ƙanenki kuma taubashinki,
Hudu ɗan Illiassou